Kundin Binciken Tsofaffin Hotuna Don Fim ɗin Dalar Gyada

14 ga Janairu, 2025

Yau muka sa hannu a takardar yarjejeniya da furodusa, saboda haka daga yanzu nauyin nemo duk wani tsohon hoto mai motsi da zai shiga fim ɗin dalar gyada yana wuyana. Fim ne na tarihi, wanda darakta yake son ya ba da labarin gyadar Kano tun daga zuwan jirgin ƙasa har zuwa lokacin da dala ta ɓace daga filayen birnin. Aikina ya ƙunshi gano inda hotunan suke, da tabbatar da wurin da aka ɗauke su da shekarar, da sanin wanda ya mallake su, sannan da samo izinin amfani da su a rubuce, ta yadda ranar da fim ya fita babu wanda zai zo ya ce an ci haƙƙinsa ko an yi wa tarihi ƙarya.

Ƙashin bayan labarin sananne ne. Layin dogo ya iso Kano a 1911, aka buɗe shi ga harkar kasuwanci a 1912, kuma Turawan da suka shimfiɗa shi auduga suke hange domin masaƙun ƙasarsu, sai manoma suka duba abin da ya fi musu riba suka rungumi gyada, wadda ko ba a saya ba za a ci a gida. Attajirai irin su Alhassan Ɗantata, wanda ya rasu a 1955, su ne suka tsaya tsakanin manomi da kamfanonin Turawa. Dala kuwa ta yi tsayin da ta yi suna da shi ne bayan Yaƙin Duniya na Biyu, lokacin da reluwe ta rasa isassun injuna da taragon da za su kwashe kayan zuwa tashar ruwa ta Legas, sai buhuna suka riƙa taruwa kaka bayan kaka. Na gaya wa darakta cewa wannan gaskiyar kaɗai ta isa ta sauya yadda za mu nuna hotunan, domin abin da aka saba nunawa a matsayin alamar arziki tsantsa, akwai jinkirin sufuri da asarar kaya a cikinsa.

29 ga Janairu

Na kammala zagaye na farko a kundayen ma'ajiyoyin da ke kan intanet. Yawancin abin da ya rage na wancan zamani yana Ingila. Kamfanin British Pathé ya ɗora finafinansa kimanin 85,000 a YouTube tun 2014, akwai kuma tarin British Movietone, da ma'ajiyar Cibiyar Finafinai ta Birtaniya, da Gidan Tarihin Yaƙi na Landan. A gefen gwamnati kuma akwai aikin Sashen Finafinai na Mulkin Mallaka, wanda aka kafa a 1939 a ƙarƙashin William Sellers, tsohon jami'in kiwon lafiya a Legas, wanda tun kafin nan yake yawo da finafinan tsafta. Daga wannan tushe ne majigi ya bazu a garuruwanmu, motar da ke zuwa ƙofar fada da magariba a kafa farin ƙyalle a nuna wa jama'a noman auduga da allurar rigakafi.

Abin da ya dame ni a kallon nan shi ne yadda hotunan suke kama da juna, ko da shekaru sun raba su. Mai ɗaukar hoto ya tsaya daga nesa ya ɗauko dala gaba ɗayanta, sai layin 'yan dako suna hawa da buhu a ka, sai Bature da hular hana salla yana duba takarda, sai jirgi ya tashi. Mai sharhi yana ambaton tan-tan na gyada da man girki da za a samu a Ingila, amma bai taɓa faɗin sunan ko mutum ɗaya daga cikin waɗanda suka ɗora buhunan ba, bai kuma faɗi garin da suka fito ko abin da ake biyan su ba. Idan muka jera waɗannan hotuna yadda suke muka ɗora musu kiɗan kalangu, to mun sake yin fim ɗin Turawa ne da bakin Hausa. Na rubuta wa darakta shawarar cewa mu ɗauki kowane gutsuren fim a matsayin shaida wadda za a yi wa tambayoyi, mu kuma nemi mutanen da ke ciki, ko 'ya'yansu, su yi magana a kanta.

18 ga Fabrairu

Ina Kaduna ina aikin takarda. Wanda bai san sana'ar nan ba yana zaton kallon fim ne kawai, alhali rabin aikin a cikin fayil yake. A Ma'ajiyar Tarihi ta Ƙasa ina bin rahotannin shekara-shekara na Lardin Kano da wasiƙun hukumar ciniki, a Gidan Arewa kuma ina karanta tsofaffin jaridu. Gaskiya Ta Fi Kwabo, wadda ta fara fita a 1939, takan kawo sanarwar buɗe cinikin gyada da farashin da aka yanke, kuma da irin waɗannan sanarwoyi ne zan iya gwada abin da mai sharhi ya faɗa. Hukumar cinikin gyada ta ƙasa ta soma aiki a 1949, daga baya a 1954 aka mayar da harkar hannun hukumar ciniki ta Jihar Arewa, don haka idan sunan ɗayansu ya bayyana a jikin allo ko buhu a cikin hoto, na sami iyakar shekarun da zan nema a ciki.

7 ga Maris

Azumi ya sa mun rage tafiye-tafiye, sai na yi amfani da lokacin wajen koya wa mataimakiyata yadda ake riƙe rajista. Kowane gutsure yana da layinsa, wanda za a rubuta ma'ajiyar da ya fito, da lambarsa a can, da minti da sakan ɗin da ya fara da inda ya ƙare, da abin da kundin ma'ajiyar ya ce game da shi, sannan a wani gurbi dabam abin da mu muka tabbatar da kanmu. Na hana ta haɗa gurbin biyu ko da sun yi daidai, domin ranar da gardama ta tashi a ɗakin haɗa hoto, dole a iya bambanta abin da aka gaya mana da abin da muka gani.

Ta tambaye ni inda ake koyon wannan aiki. Ni a ɗakin ajiye kasakasai na wani gidan talbijin na koya, inda na fara da manna takarda a jikin kaset, kuma har yau a masana'antar finafinanmu ba a ware wa wannan aiki gurbi a kasafin kuɗi ba, yawanci edita ake cewa ya leƙa intanet ya sauko da wani abu mai kama da na da. A Ingila masu wannan sana'a da ma'ajiyoyin da suke hulɗa da su suna da ƙungiya mai suna FOCAL tun 1985, har kyaututtuka take bayarwa duk shekara. A nan gida abin da ya ƙarfafa mini gwiwa shi ne digiri na biyu kan al'adun fim da adana shi da Jami'ar Jos ta buɗe tare da haɗin gwiwar Hukumar Finafinai ta Nijeriya da Jami'ar Goethe ta Jamus. Na ba ta shawarar ta nemi shiga idan mun gama wannan aiki.

11 ga Afrilu

Wani tsohon ma'aikaci ya yi mini jagora zuwa wani ɗakin ajiya na wata ma'aikata, inda ya ce tun yana matashi yake ganin gwangwanayen fim a jibge. Bayan an kammala neman izini aka buɗe mana ƙofa, kuma tun daga bakin ƙofar warin ya tarye mu, wari mai tsami irin na ruwan khal, wanda duk mai wannan aiki ya san ma'anarsa. Ledar fim ta asitet, wato irin ledar da aka yi waɗannan finafinai da ita, idan ta daɗe cikin zafi da laima takan fara sakin sinadari mai tsami, shi kuma sinadarin yana ƙara hanzarta ruɓewar, har ya shafi gwangwanayen da ke kusa. Ɗakin rufin kwano ne, kuma a watan Afrilu muke.

Na sa safar hannu da takunkumi na riƙa buɗe su ɗaya bayan ɗaya. Wasu murafen tsatsa ta manne su sai da aka bi gefensu a hankali da bakin cokali. A cikin wani gwangwani naɗin ya narke ya dunƙule wuri ɗaya, babu abin da za a ceto. A wani kuma ledar ta ƙanƙance ta lanƙwashe, gefenta ya yi tudu da kwari, ga wani farin gari mai ƙyalli a samanta, amma da na warware ɗan kaɗan na ɗaga shi wajen hasken taga sai na ga hotunan suna nan. Da gilashin ƙara girma na hango sikeli a rataye, da wani mutum tsugune yana ɗinke bakin buhu da basilla, zaren a tsakanin haƙoransa. Na saka 'yar takardar gwaji mai launin shuɗi a cikin kowane gwangwanin da ke da sauran rai na rufe. Gobe zan duba, wadda ta koma kore akwai sauran lokaci, wadda ta koma rawaya kuwa sai an gaggauta.

Dukkansu masu faɗin milimita 16 ne, abin da ya kwantar mini da hankali ta fuska ɗaya, domin irin wannan ba a taɓa yin sa da naitiret ba, wato ledar nan mai kamawa da wuta wadda aka yi amfani da ita a fim mai milimita 35 har zuwa farkon shekarun 1950. Na roƙi masu ɗakin kada kowa ya gwada saka ko ɗaya a na'urar majigi, domin haƙoran na'urar za su yayyaga hudojin gefen ledar da ta ƙanƙance.

Ban yanke ƙauna ba, saboda an taɓa ganin irin wannan. Fim ɗin Shaihu Umar da Adamu Halilu ya shirya a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa an daɗe ana ɗaukar ya ɓace, sai a 2016 aka gano faifansa a ma'ajiyar Hukumar Finafinai ta Nijeriya, cibiyar Arsenal ta Berlin ta gyara shi, aka nuna shi a bikin finafinai na Berlin a 2018.

29 ga Afrilu

An raba gwangwanayen da suka kamu da waɗanda ba su kamu ba, an kuma mayar da su wani ɗaki mai sanyi. Ni kuma na shiga aikin sa wa hotuna shekara, wanda shi ne ɓangaren da na fi so a sana'ar nan.

A wancan zamani kamfanin Kodak yakan buga 'yan alamomi a gefen ledarsa, ɗigo ko murabba'i ko alwatika ko gicciye, waɗanda ke nuna shekarar da aka ƙera ta, kuma alamomin suna maimaita kansu duk bayan shekara 20. Naɗin da ke ɗauke da mai ɗinkin buhu yana da ɗigo guda, wanda ke nufin 1936 ko 1956 ko 1976. Alamar ba ta faɗin ranar da aka ɗauki hoto, shekarar ƙera leda kawai take faɗa, kuma idan kwafi ne aka wanke daga baya sai ta ɓatar da mutum. Don haka na koma cikin hoton kansa. Ƙirar motocin ba ta 1936 ba ce, kuma allon farashi da ke bayan sikelin da fam da sule aka rubuta shi, alhali naira ta maye gurbinsu tun ranar 1 ga Janairu, 1973. Na rubuta a rajista cewa 1956 ne ko jim kaɗan bayanta.

Wani gutsure da muka samo daga waje ya fi wannan wuya. Kundinsu ya ce shekarun 1950 ne, amma manyan motocin da ke ɗauke da buhuna a hannun dama suke tafiya, ga shi kuwa Nijeriya ba ta koma tuƙin dama ba sai a Afrilun 1972. Mataimakiyata ce ta lura da cewa akawun da ke biyan kuɗi da hagu yake miƙawa, manoman ma duk da hagu suke karɓa, abin da ba zai yiwu a ce layi guda na dattawa sun yi ba. Da muka tsayar da hoton muka ƙara girman lambar wata mota sai muka ga rubutun a juye yake. Ashe lokacin da aka mayar da fim ɗin zuwa kwamfuta ta baya aka saka ledar. Mun juya shi, motoci suka koma hagu, hannuwa suka koma dama, kuma na aika wa ma'ajiyar bayani domin su gyara nasu.

20 ga Mayu

Ta hannun wani mai unguwa muka sami wani dattijo wanda ya yi dakon gyada a Kano a shekarun 1960. Ɗan ci-rani ne a lokacin, yana zuwa daga ƙauyensu bayan an gama girbi ya koma idan damina ta kusa, daga baya ya zauna a birni. Mun same shi a zaurensa bayan la'asar, muka gaisa, na yi masa bayanin aikin da abin da za a yi da maganarsa, ya amince a gaban babban ɗansa, sannan na ɗora masa kwamfuta a kan tabarma.

Na fara da wani gutsure da wani Bature ma'aikacin kamfani ya ɗauka da kyamararsa ta hannu. Dattijon bai daɗe yana kallo ba ya ɗaga hannu ya ce in tsayar.

"Ɗana, wa ya kore su suke wannan gudu?"

Na ce, "Baba, haka hoton ya zo mana."

Ya ce, "To ba haka muke hawa ba. Wanda ya ɗora buhun gyada a ka, ga tudu a gabansa, ba ya gudu. Ƙafa ɗaya kake sawa ka ji ta zauna kafin ka ɗaga ɗayar, in ba haka ba kai da buhun ku gangaro ku kwashe na bayanku."

Yana da gaskiya, kuma na san dalilin. Masu ƙananan kyamarori na wancan zamani sukan ɗauki hoto 16 ko 18 a sakan guda domin tattalin leda, amma wanda ya mayar da wannan fim zuwa bidiyo ya gudanar da shi a kan hoto 25 a sakan, yadda talbijin ke buƙata, sai saurin tafiyar mutane ya ƙaru, da fiye da rabi idan a kan 16 aka ɗauka. Na rage saurin nan take zuwa 16. Da ya sake kallo sai ya gyaɗa kai, ya matso, ya fara nuna mini abubuwan da ban taɓa gani ba duk da yawan kallon da na yi wa hoton: gammon da kowa ya naɗa, da yadda na sama yake karɓar buhu ya kwantar da shi bakinsa na duban ciki, da yadda ake jan kowane layi baya kaɗan domin ya zama matakala, da helma da ke tsaye a gindi yana ƙirga. Ya ce idan an kai ƙololuwa ana lulluɓe dalar da tamfal saboda ruwa, kuma idan ƙwaro ya shiga a ƙarƙashin tamfal ɗin ake sakar masa magani.

Da na nuna masa wani na kamfanin labarai, wanda 'yan dako ke tafe a jere da fararen riguna, sai ya ce wannan na ranar baƙi ne. A cewarsa duk ranar da za a zo ɗaukar hoto akan zaɓi majiya ƙarfi a ce su sa tufafi masu tsabta, a kuma sa su maimaita hawa har sai mai kyamara ya gamsu, alhali a ranakun aiki na gaskiya daga su sai gajeren wando, ƙura ta rufe musu jiki. Bai gane kowa a cikin hotunan ba, domin sun girme shi da shekaru, amma ya ambaci garuruwan da yawancin abokan aikinsa suka fito, ya kuma yi alkawarin haɗa mu da iyalan wasu daga cikinsu. Darakta ya yanke shawarar a ɗauke shi yana kallo yana gyara mana, a sa hakan a fim ɗin yadda ya faru.

13 ga Yuni

Wani gutsure da edita ya ƙwallafa rai a kansa, saboda kyan hasken da ke cikinsa, ya fita daga jerin hotunan Kano. Rubutun da ke jikin rumfar awo da Faransanci ne, hular ɗan sandan da ke tsaye ma ba irin ta 'yan doka ba ce. Alamu sun fi karkata ga yankin Maraɗi ko Damagaram, inda su ma aka yi dalar buhuna. Ban so a jefar da shi ba, domin gyadar kudancin Nijar ta daɗe tana bi ta Kano ta hau jirgi zuwa Legas, kafin Faransawa su ƙirƙiro tsarin karkatar da wani kaso nata ta Parakou zuwa Kwatano a shekarun 1950, sannan bayan samun 'yanci kamfanin cinikin gyada na Nijar mai suna SONARA ya karɓi cinikin a 1962. Za mu yi amfani da shi da sunansa na gaskiya, a wurin da ake maganar hanyar da gyada ke bi. Na rubuta wa ma'ajiyar INA ta Faransa ina tambayar abin da suke da shi na wannan yanki.

9 ga Yuli

Farashi ya fara isowa. Ma'ajiyoyin kasuwanci da sakan suke sayar da izini, kuma kuɗin yana hawa gwargwadon ƙasashen da za a nuna fim ɗin, da yawan shekarun, da ko za a sa shi a sinima da talbijin da intanet gaba ɗaya. Abin da wata ma'ajiya ta nema a kan minti ɗaya, idan aka mayar da shi naira, ya haura abin da muka ware wa mai ɗaukar sauti na tsawon aikin duka.

Furodusa ya tambaye ni dalilin da zai sa mu biya, tunda hotunan sun tsufa. Na yi masa bayani cewa dokar haƙƙin mallaka ta Nijeriya ta 2022 tana kare fim na shekara 50 daga lokacin da aka fara fitar da shi, amma kowace ƙasa da tata dokar, kuma fim ɗinmu ba a Nijeriya kaɗai za a nuna shi ba. Bayan haka, ko da haƙƙin ya ƙare, wanda yake riƙe da asalin ledar shi kaɗai zai iya ba ka kwafi mai kyau, kuma a kan wannan yake karɓar kuɗi. Saukowa da kwafin intanet a goge tambarin da ke jikinsa sata ce, kuma babu gidan talbijin na kirki da zai karɓi fim ba tare da takardun izinin kowane sakan ba.

Raina yana sosuwa idan na tuna cewa guminmu ne a cikin hotunan, an ɗauke su ba tare da an tambayi kowa ba, yau kuma jikokin masu dakon ne za su biya kuɗin ƙasar waje kafin su gan su. Sai dai na ga ɗakin rufin kwanon nan da idona, na kuma san cewa waɗanda ke neman kuɗin sun shekara da shekaru suna biyan wutar ɗakunan sanyi, shi ya sa nasu ya rayu. A wasiƙar da na mayar na nemi rangwame bisa hujjar cewa fim ɗin da Hausa ne kuma don ilimantarwa, na kuma yi musu tayin ba su bayanan da muka tattara na wurare da shekaru da sunayen abubuwa, waɗanda kundinsu ba shi da su.

5 ga Agusta

An yi doguwar muhawara a ɗakin haɗa hoto. Darakta yana son a sa wa tsofaffin hotunan launi da manhajar ƙirƙirarriyar basira, a kuma faɗaɗa su su cika allon zamani, domin a ganinsa matasa ba za su zauna kallon baƙi da fari ba. Na fahimci damuwarsa, amma ban goyi baya ba. Tsohon hoto mai tsarin 4:3, wato faɗi huɗu tsayi uku, idan aka cika faffaɗan allon zamani na 16:9 da shi, kashi ɗaya cikin huɗu na tsayinsa ake yankewa, kuma a namu hotunan abin da zai tafi shi ne ko dai ƙololuwar dala ko ƙafafun masu hawa, waɗanda dattijon nan ya koya mana mu kalla. Launi kuwa manhajar ba ta san shi ba, zato take yi. A gwajin da edita ya yi ta mayar da rawanin wani attajiri ruwan ƙasa, alhali duk wanda ya san ɗan Kura ya ga ƙyallin bugun nan ya san baƙin shuɗi ne na baba, ta kuma shafe fuskokin mutanen da ke nesa ta zana musu wasu.

Na kawo musu ƙa'idojin da ƙungiyar masu binciken tsofaffin hotuna ta Amurka ta fitar a 2024, waɗanda jigonsu shi ne kada a bar mai kallo ya ɗauki abin da na'ura ta ƙirƙira a matsayin shaidar tarihi. Mun tsaya a kan cewa za a share ƙura da ƙarce, a daidaita sauri, a bar tsarin allo yadda yake, ba za a sa launi ba. Game da sauti, tunda yawancin hotunan bebaye ne, darakta zai yi amfani da muryoyin dattawa a kansu, kuma duk inda aka ƙara ƙarar jirgi ko ta kasuwa za a faɗa a rubutun ƙarshen fim. A wuri ɗaya na sassauta, inda na yarda a matso da hoto kusa da fuskar mai ɗinkin buhu, da sharaɗin a fara nuna shi cikakke.

3 ga Satumba

Shekarun da dala ta mutu su ne suka fi ƙarancin hoto. Fari ya afka wa yankin a farkon shekarun 1970, cutar kuturtar gyada wadda ƙwarin darɓa ke yaɗawa ta cinye amfanin gona a 1975, kuɗin man fetur ya ɗauke hankalin gwamnati, masana'antun matsar mai na cikin gida suna shanye abin da ya saura, daga ƙarshe aka rushe hukumomin ciniki a 1986. A daidai wannan lokaci kamfanonin labaran sinima na Ingila sun daina aiki, gidajen talbijin namu kuma suna komawa kaset, wanda ake gogewa a sake ɗauka a kai saboda tsada. 'Yan kasakasan U-matic da na samu sun yi danƙo, sai an gasa su a ƙaramin zafi na tsawon sa'o'i kafin a gwada kunna su, kuma har yanzu ina neman na'ura mai lafiya.

Edita ya kawo shawarar a cike giɓin da hotunan fari na wata ƙasa ta yankin Sahel, tunda busasshiyar ƙasa duk kama take da juna. Na ƙi, kuma darakta ya goyi bayana. Za mu yi amfani da shafukan jaridar New Nigerian, da hotunan da ba sa motsi, da bakin manoman da suka ga gonakinsu sun ƙanƙance a waccan shekara.

14 ga Oktoba

An fara cirar gyada, masu ɗaukar hoto sun tafi ƙauyuka. A nawa ɓangaren, ma'ajiya ɗaya ta amince da rangwame a madadin bayananmu, ɗaya ta ƙi, sauran ba su amsa ba tukuna, don haka na ba edita jerin gutsattsarin da zai iya dogara da su da waɗanda zai tanadar wa madadi. Masu gwangwanayen nan sun ba da izini a rubuce a kai naɗe-naɗen da suka fi shiga haɗari Jos domin a duba yiwuwar mayar da su kwamfuta, bisa sharaɗin asalin ya ci gaba da zama mallakarsu, su kuma sami kwafi.

Dattijon ya cika alkawari, ya haɗa mu da iyalai a wasu garuruwa na gabashin Kano, kuma mataimakiyata ce za ta jagoranci nuna musu hotunan, saboda akwai tsofaffin mata da suka yi sana'ar ɓarar gyada da ƙuli-ƙuli waɗanda za su fi sakin jiki da ita. Na nemi furodusa ya sa a kasafi kuɗin komawa kowane gari da muka ɗauki magana a nuna fim ɗin a fili idan an gama, ya ce zai duba bayan an san abin da izini zai ci. Abin da ke gabana a makon nan shi ne rubuta takardar rakiyar gwangwanayen, da samo akwatunan da za su jure zafin hanya, da sake tuntuɓar wani mai gyaran na'urori a Kaduna wanda aka ce yana da na'urar U-matic mai aiki.